Auren bogi a wasan kwaikwayon barkwanci

Auren bogi jigo ne da ake yawan gina wasan kwaikwayon barkwanci a kansa, inda ake ƙulla aure, ko a yi kamar an ƙulla shi, alhali waɗanda suka shirya shi ba zaman auren ne a gabansu ba. Abin da suke nema yakan kasance kuɗi, ko gado, ko takardar tafiya, ko ƙuri'a, ko kuma kawai a daina nuna mutum da baki a unguwa. Jigon tsoho ne, ana samun sa a wasannin Rumawa tun kafin haihuwar Annabi Isa (AS), da na Faransa da Ingila a ƙarni na 17, da na marubutan Afirka bayan samun 'yancin kai. A ƙasar Hausa ya fi fitowa ta fuskar auren kisan wuta, da auren jari, da labarin angon da ya zo neman aure da rigar aro. Abin dariyar yana cikin tazarar da ke tsakanin abin da aka shaida a bainar jama'a ranar ɗaurin aure da abin da ke cikin zuciyar ma'auratan, kuma mai kallo yakan san sirrin tun kafin mutanen cikin wasan su sani.

Sunaye da ma'anoninsu

Hausa ba ta da kalma ɗaya tilo da ta tattara irin wannan aure. "Bogi" kalmar aro ce ta zamani, ana danganta ta da wata kalmar Turanci mai ma'anar jabu, kuma ta fi yawa a bakin 'yan jarida da matasa. Tsofaffi sun fi cewa auren gangan ko auren ƙarya. Abin da harshen yake da shi da yawa shi ne sunaye na daban-daban, kowanne da irin aurensa, kuma kusan duk ginin su iri ɗaya ne: kalmar "aure" da harafin mallaka, sannan kalma ta biyu da ke tona dalilin auren ko yadda ake zamansa.

Auren kisan wuta, wasu su ce kashe wuta, shi ne wanda mace ke yi bayan mijinta ya sake ta saki uku, da nufin sabon mijin ya sake ta don ta samu damar komawa gidan na farko. Ana iya fahimtar sunan da cewa saki ukun wuta ce ta tashi a gida, shi kuma mijin na biyu an kira shi ne ya kashe ta ya kama gabansa. Auren jari shi ne wanda ɗaya daga cikin ma'auratan ya shige shi don dukiyar ɗayan, kamar yadda ɗan kasuwa ke zuba jari yana jiran riba. An fi jifan saurayin da ya auri bazawara mai kuɗi da wannan suna. Auren biza sabo ne, ya samo asali daga tafiye-tafiyen Saudiyya. Akwai kuma auren huce haushi ko kece raini, wanda ake yi don a baƙanta wa wani rai, galibi tsohon miji ko tsohuwar budurwa. Auren rufin asiri kuwa sunansa ya isa bayani.

Ya kamata a raba waɗannan da wasu ire-iren aure da suke halal kuma na gaskiya, ko da yake masu barkwanci kan taɓa su. Auren sadaka, inda uba ke ba da 'yarsa ba tare da ya ɗora wa ango kashe-kashen al'ada ba, aure ne cikakke. Haka auren ɗauki-sandanka, wanda wasu ke kira je-ka-da-kwarinka, inda matar ke zaune a gidanta mijin yana zuwa wurinta. Auren dole ma ba bogi ba ne, domin iyayen da suka ƙulla shi zaman suke so a yi. Matsalarsa daban ce, ta rashin yardar yarinya. Littattafan makaranta da dama sukan jera duk waɗannan a babi ɗaya ƙarƙashin "ire-iren auren Hausawa", abin da ke sa ɗalibi ya ɗauka duk matsayinsu ɗaya, alhali ba haka ba ne.

Kalma ta biyu da jigon ya rataya a kanta ita ce mutunci. A al'adar Hausawa aure shi ne ƙofar shiga sahun manya. Namijin da ya wuce lokacin aure bai yi ba tuzuru ne, wanda ya rabu da matarsa bai sake wata ba gwauro ne, kuma duka sunayen biyu na zolaya ne. Mace kuwa idan ta gama idda ta zama bazawara, ana sa ran zawarcin ba zai daɗe ba. In ya daɗe, ko ta kama ɗaki ita kaɗai, sai a fara cewa tana "zaman kanta", maganar da ke da nauyi ƙwarai. Wanda bai san wannan matsin ba zai yi mamakin yadda mutum zai biya kuɗi don a ce yana da aure kawai.

Matsayinsa a fikihu

Mafi yawan Hausawa Musulmi ne masu bin mazhabar Malikiyya, don haka dokokin da wasan ke wasa da su sanannu ne ga kowa a wurin kallo. Aure yana ƙulluwa da waliyyi, da sadaki wanda mafi ƙarancinsa rubu'in dinari ne, da siga ta nema da bayarwa, da shaidu. Hausawa kan kwatanta shi da igiya uku: kowane saki yana tsinka ɗaya, bayan na farko da na biyu ana iya yin kome, amma in ta ukun ta tsinke, aya ta 230 a Suratul Baƙara ta hana komawa har sai matar ta auri wani mijin, sun yi zaman aure na haƙiƙa, sannan sun rabu. Auren kisan wuta dabara ce ta zagaye wannan hukunci. Akwai hadisin da ya la'anci mai yin sa da wanda aka yi dominsa, wata ruwayar Ibn Majah ma ta kamanta mai yin sa da bunsurun aro. Risala ta Ibn Abi Zaid al-Ƙairawani, wadda ake karantawa a makarantun zaure a duk ƙasar Hausa, ta bayyana cewa irin wannan aure bai halatta ba, kuma ba ya halatta matar ga mijin farko. Ke nan wanda ya yi shi ya yi asarar kuɗinsa, bai kuma samu abin da yake nema ba, kuma wannan ita ce ƙashin bayan barkwancin.

Tushensa a wasannin gargajiya

Kafin a fara rubuta wasan kwaikwayo da boko, Hausawa suna da wasanninsu na dandali, kuma aure na cikin abin da suka fi kwaikwaya. 'Yan mata ƙanana suna auren 'yar tsana, da lefe da gara da kai amarya, duk na wasa. A watan azumi, daga goma ga wata, yara da matasa kan fita tashe gida-gida. Cikin wasannin tashe na 'yan mata akwai Mairama da Daudu, inda ɗaya ke shigar miji ɗaya ta mata ana nuna yadda zaman aure yake, da Samodara, wanda ya shafi yarinyar da aka haɗa da mijin da ba ta so.

Wanda ya fi kusa da wannan jigo shi ne tashen gwauro. A birnin Kano akwai sarautar Nalako, sarkin gwagware, wanda shi da jama'arsa ke bin gidajen mazan da azumi ya riske su ba mata, ana kaɗa musu ganga ana yi musu waƙar zolaya, a wasu lokutan har a ɗaura wa mutum igiya a zaga da shi gari. Wasa ne, amma wasa ne mai cizo, domin gwauro na gaske ake kamawa, kuma maƙwabtansa na gaske ne ke dariya. Daga nan ba nisa zuwa ga labarin mutumin da ya yi auren gaggawa kafin azumi don kawai ya tsere wa gangar Nalako, labarin da masu barkwanci suka daɗe suna juyawa. A 'yan shekarun nan rundunar 'yan sandan Kano ta sha dakatar da tashe saboda ɓata-gari da ke fakewa da shi.

A karkara kuma akwai kalankuwa, bikin samari da 'yan mata bayan an kawar da amfanin gona, inda ake naɗa sarki da alƙali da dogarai na wasa, a yi shari'a ta wasa, a ci tara. Ƙaramar hukumar Dawakin Tofa, a arewa maso yammacin birnin Kano, misali ce mai kyau ta irin ƙasar da waɗannan labarai ke da ma'ana a cikinta. Tana cikin yankin da ƙauyuka ke manne da juna, gona na bin gona, kusan babu daji a tsakani. Ƙidayar 2006 ta ba ta mutum sama da 240,000. A irin wannan wuri kowa ya san asalin kowa, ya san gonar wa aka jinginar don a haɗa lefe, ya san wa ya saki matarsa da sau nawa. Ƙarya ba ta daɗewa a tsakanin 'yan gari, saboda haka auren bogi yana bukatar baƙo. Baƙi kuwa ba su yankewa a yankin, domin kasuwar hatsi ta Dawanau, wadda ke jawo fatake da direbobi da 'yan dako daga sassan Najeriya da Nijar da Chadi, a cikin wannan ƙaramar hukuma take. Ga kuma 'yan cin rani, waɗanda ke barin gida bayan kaka su dawo kafin damina da sabuwar shadda da labarin arzikin da ba wanda ya gani da idonsa. Baƙon da ba a san asalinsa ba da ɗan gari da ya dawo da rigar birni, su ne angwaye biyu da wasan ya fi so.

Yadda ake gina wasan

Wasannin da ɗalibai da ƙungiyoyin matasa ke yi a dandamali galibi ba a rubuta su kalma da kalma. Ana yarda da ƙashin labari ne, kowane ɗan wasa ya cika nasa da bakinsa. Shi ya sa labari ɗaya ke yawo da sunaye daban-daban, amma ƙashinsa bai cika canzawa ba.

A labarin kisan wuta, fitowa ta farko kusan kullum faɗa ne a kan abin da bai kai ya kawo ba: gishiri ya yi yawa a miya, ko an taɓa rediyon maigida. Maigida ya fusata ya yanke igiyar ƙarshe. Kafin gari ya waye ya yi nadama, ya tafi wurin malami neman mafita, malami ya ce babu. Sai aboki ko dillali ya kawo shawara a nemo wani wanda ba zai yi gardama ba, a biya shi, ya aura ya saka. Ana zaɓen wanda aka raina: almajiri babba, ko ɗan dako, ko wawan unguwa, ko yaron shagon maigidan kansa. Maigida ne ke biyan sadaki, shi ke sayen goro, wani lokaci har ɗakin da za a tare a gidansa yake. Da safe ya zo karɓar takarda, sai ango ya ce ai shi bai ga laifin matarsa ba.

Daga nan wasan ya koma na harshe, kuma a nan ne gwanintar 'yan wasa ke fitowa. Mutumin da jiya yake cewa "ranka ya daɗe" yau yana cewa "iyalina ba su tashi ba tukuna". Maigida, wanda ya gina gidan da kuɗinsa, dole ya tsaya a zaure ya yi sallama, domin matar aure ce a ciki, kuma ba tasa ba. Matar da ta saba sakaya sunan tsohon mijinta saboda alkunya yanzu tana kiran sa da sunansa tsirara, sabon kuma tana ce masa "Malam" ko "maigida". Masu kallo ba sa bukatar a yi musu bayani. Sauyin kalmar kira kaɗai ya gaya musu cewa mulki ya koma wani hannu. Idan aka je gaban alƙali, maigida ba ya iya faɗin gaskiyar yarjejeniyar, domin faɗinta amsa laifi ne, ba ya kuma iya yin shiru, domin shiru asarar mata ne. Yakan fara magana ya katse, ya sake farawa, alƙali yana tambayarsa shi wane ne a wannan aure.

Wani abin lura shi ne matsayin matar. A wasu wasannin ba ta da baki, kaya ce da ake miƙawa daga hannu zuwa hannu, kuma waɗannan su ne mafi rauni, ko da sun ba da dariya. Waɗanda suka fi armashi su ne inda ita ce ke gano cewa talakan da aka ɗauko haya ya fi mai kuɗin iya magana da mutum, ta ce ba inda za ta. A nan dariyar ta tashi daga kan wawan ango ta koma kan mai saurin saki.

Labari na biyu shi ne na angon aro. Saurayi ya ari babbar riga da mota da agogo, ya ɗauki abokinsa a matsayin direba, ya sami wani dattijo ya biya shi ya zama kawunsa mai neman aure. Iyayen yarinya, musamman uwa ko gwaggo mai kwaɗayi, su kori talakan da ta daɗe tana so. Asiri yakan tonu ranar da masu kaya suka zo karɓar kayansu ɗaya bayan ɗaya, ango ya rage daga shi sai singileti. Akwai kuma juyin wannan labari, inda gidan amarya ne suka yi aron kayan ɗaki don a ce 'yarsu 'yar gata ce, bayan kwana bakwai a zo a kwashe gado da kujeru. Mafi daɗinsa shi ne idan aka haɗa biyun, kowane ɓangare yana zaton shi ne ya yi wa ɗayan wayo.

Rubutattun wasanni, rediyo da talabijin

Rubutaccen wasan kwaikwayo na Hausa ya fara ne da littafin wasanni shida na R. M. East a shekarun 1930, sannan Wasan Marafa na Abubakar Tunau da Malam Inkuntum suka biyo baya. Tun daga Zamanin Nan Namu na Shu'aibu Maƙarfi, wanda ya fito a 1959, aure da kuɗi suka zama abin da marubuta suka fi komawa gare shi. A Jatau Na Kyallu, shi ma na Maƙarfi, attajiri ne ya auri mace mai zaman kanta duk da gargaɗin da aka yi masa. Ita ta samu inuwar aure da dukiya, shi kuma ya rasa gidansa da abin hannunsa. Wannan shi ne auren jari ta fuskar mace, kuma wasan ya ɗora mata kusan dukkan laifin, kamar yadda yawancin rubuce-rubucen wancan zamani suka yi. Uwar Gulma na Mohammed Sada ya bi zaman Hayatu da Halima har zuwa gaban alƙali. Kulɓa Na Ɓarna na Umaru Ɗanjuma Katsina, na 1979, ya nuna alhajin da ke amfani da kuɗi ya raba 'yar makaranta da saurayinta, daga baya aka mayar da shi fim. Soyayya Ta Fi Kuɗi na Hadi Abdullahi Alƙanci, na 1982, sunansa ma ya faɗi ɓangaren da ya goya wa baya. Ba duka waɗannan ne barkwanci zalla ba, sun fi karkata ga gargaɗi, amma daga cikinsu ne 'yan makaranta suka koyi fuskokin da ake sa rai a gani: alhaji mai kuɗi, uwa mai kwaɗayi, tsohuwa 'yar kai-da-kawowa, malami, alƙali.

Gidajen rediyo da talabijin na Kaduna da Kano da Jos da Sakkwato sun yaɗa irin waɗannan fuskoki a shekarun 1970 da 1980, ta hannun 'yan wasa irin su Ƙasimu Yero da Usman Baba Pategi, wanda aka fi sani da Samanja, da Karkuzu. A Jamhuriyar Nijar, ƙungiyoyin wasa na Damagaram da sauran garuruwa, waɗanda Yazi Dogo ya fi kowa suna a cikinsu, sun riƙe salon wasa ba tare da cikakken rubutu ba. Janet Beik ta yi littafi a kansu a 1987. Da finafinan bidiyo suka zo a shekarun 1990, reshen barkwancinsu, wanda ake kira camama, ya gaji wannan kaya gaba ɗaya. Rabilu Musa Ɗan Ibro, wanda ya rasu a Disamba 2014, ya yi suna da fitowa a matsayin talaka mai wayon da ke wuce gona da iri, wato daidai irin mutumin da labarin angon haya ke bukata.

A adabin wasu ƙasashe

Labarin kisan wuta da ya ƙi mutuwa ya girmi wasan kwaikwayon Hausa nesa ba kusa ba. A cikin Dare Dubu da Ɗaya akwai hikayar Ala'uddin Abu Shamat, saurayin da 'yan fashi suka tsiyata, ya shiga Bagadaza ba ko sisi, aka ɗauke shi ya auri Zubaida na dare ɗaya da sharaɗin in bai sake ta da safe ba zai biya dinari 10,000. Suka so juna, ya ƙi saki, daga ƙarshe Halifa Haruna Rashid ya fitar da shi. A Misira, Adel Imam ya fito a fim ɗin barkwanci na 1985 mai suna Zauj Tahtat Talab, a matsayin ƙaramin ma'aikaci da ya mayar da wannan aure sana'a.

A Rum, Plautus, wanda ya mutu a shekara ta 184 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya rubuta Casina, inda wani tsoho ya shirya aurar da kuyanga ga baransa don shi ya samu kai wa gare ta. Matarsa ta gano, ta sa aka yi wa wani ƙato shigar amarya, ya lakaɗa wa baran da ubangidan duka. Ben Jonson na Ingila ya yi kusan haka a Epicoene, a 1609: attajiri mai ƙin hayaniya ya auri mace marar magana don ya hana ɗan 'yar'uwarsa gado, bayan ɗaurin aure ta zama mai surutu fiye da kowa, sai da ya sa hannu a takardar ba yaron kuɗi da gado sannan aka cire wa amarya gashin kanti, ashe yaro ne namiji.

Molière na Faransa ya fi damuwa da auren neman daraja. A George Dandin, na 1668, manomi mai arziki ya auri 'yar masu sarauta da suka talauce, ya biya musu bashi, su kuma suka ba shi suna. Matar ta raina shi, surukai suka raina shi, kuma duk lokacin da ya kama ta da laifi shi ake sa wa ya ba da haƙuri. A Le Bourgeois gentilhomme, na 1670, ɗan kasuwa ya ƙi ba saurayi 'yarsa don ba jinin sarauta ba ne, sai saurayin ya dawo da shigar ɗan Sarkin Turkiyya, aka ba shi ita da murna. Mai kallo Bahaushe zai gane angon aro nan take.

Marubutan Afirka sun mayar da hankali kan dukiyar aure. A Trois prétendants… un mari na Guillaume Oyônô Mbia na Kamaru, dangin Juliette sun karɓi kuɗin manomi, suka kuma karɓi na ma'aikacin gwamnati da ya ninka shi. Ita kuwa ta sa aka sace kuɗin duka aka ba ɗalibin da take so, ya biya su da kuɗinsu. A The Marriage of Anansewa na Efua Sutherland ta Gana, na 1975, Ananse, wanda shi ne takwaran Gizo a tatsuniyoyin Akan, ya yi wa sarakuna huɗu alkawarin 'yarsa ɗaya yana cin kyautarsu, da suka sa rana gaba ɗaya sai ya ce ta mutu. A Najeriya kuma akwai Our Husband Has Gone Mad Again na Ola Rotimi, wanda aka buga a 1977, inda tsohon soja Lejoka-Brown ya auri Sikira don uwarta ce shugabar matan kasuwa kuma yana son ƙuri'unsu. Ƙarshenta Sikira ce ta tsaya takarar.

Sababbin fuskoki

Auren biza ya taso ne daga dokar Saudiyya da ta daɗe tana bukatar mace mai zuwa aikin Hajji ko Umara ta kasance da muharrami. Wasu matan da ba su da shi, musamman masu zuwa kasuwanci ko neman aiki, sukan yi aure na takarda da wani matafiyi, a rabu bayan an sauka. Tsananin dokar ya fito fili a Satumba 2012, lokacin da aka tsare mata maniyyata 'yan Najeriya kimanin 1,000 a filayen jiragen Jidda da Madina, aka dawo da da yawa daga cikinsu, har Najeriya ta dakatar da jigilar alhazai na ɗan lokaci. A 2022 hukumomin Saudiyya suka sanar cewa mace na iya zuwa ba muharrami. A dandamali, abin dariyar auren biza shi ne miji da mata da ba su san sunan juna ba suna amsa tambayoyin jami'i.

Auren zawarawa da gwamnatin Kano ta fara ta hannun Hukumar Hisbah a 2012, da ma'aurata 100, ya kai 1,111 a Disamba 2013, sannan 1,800 a Oktoba 2023, lokacin da aka fi kiran sa auren gata. Gwamnati ke biyan sadaki, ta ba da gado da katifa da sauran kayan ɗaki da ɗan jari ga amarya. Aure ne na gaskiya, amma tun farko masu shirya shi sun san kayan na iya jawo wanda kayan kawai yake so, shi ya sa ake tantance masu nema, ake gwajin lafiya, aka kuma sa sharaɗin kada ango ya yi saki ba tare da ya koma wa hukumar ba. Masu barkwanci ba su ɓata lokaci ba wajen ƙirƙiro ma'auratan da suka shirya raba katifa da kujeru bayan biki.

A Oktoba 2025 wasa ya taɓa gaskiya ta wata hanyar da ba a saba ba. Wata kotun majistare a Kano ta umarci Hisbah ta ɗaura wa wasu masu barkwanci biyu na TikTok aure cikin kwana 60, bayan an gurfanar da su kan bidiyon da suke fitowa a matsayin masoya. Ƙungiyar lauyoyi ta Najeriya ta soki umarnin, ta ce kotu ba ta da hurumin tilasta aure. Daga baya aka fasa, bayan namijin ya shaida wa Hisbah cewa soyayyar ba ta gaskiya ba ce.

Ko auren cikin wasa yana ɗauruwa?

Tambaya ce da masu kallo ke yawan yi wa malamai a shirye-shiryen rediyo, kuma tana da tushe. Akwai hadisin da Abu Dawud da Tirmizi suka ruwaito daga Abu Huraira, wanda ya nuna cewa abubuwa uku ba a wasa da su, ko da wasa aka furta su sun tabbata: aure da saki da kome. Amsar da aka fi bayarwa game da ɗaurin aure ita ce wanda ya fito a matsayin uban yarinya a wasa ba waliyyinta ba ne, sunan da aka ambata ba nata ba ne, don haka babu abin da ya ƙullu. Inda malamai suka fi jan kunne shi ne idan uban gaske ya fito a matsayin uba, ko miji da matarsa na gaske suka fito a matsayin ma'aurata har ya furta mata saki. Wannan na cikin dalilan da suka sa masu shirya wasa da yawa ba sa nuna sigar ɗaurin aure cikakkiya: sai a ji maroƙi ya yi shela, a ga ana raba goro da alawa, a shafa fatiha, a wuce fitowa ta gaba. Takardar saki ma galibi miƙa ta ake yi a ninke, matar ta buɗe ta ɗora hannu a ka. A wasannin makarantun kwana, inda maza da mata ba sa haɗuwa, matsalar ba ta tasowa, domin amaryar ɗalibi ne namiji da ya ɗaura zane ya yafa gyale.